Magudanar Gwaggo Dije

Ruwan da aka sheƙa shekaranjiya da hantsi bai yi awa biyu ba, amma sai da ya cika magudanar bayan layinmu har baki. Ina zaune a rumfar da muke shan shayi, gindin mangwaro, ina kallon abin da ruwa ya kwaso: ledoji, robobi, har da takalmi wari guda yana tafe a natse kamar wanda aka aika. Sai ga Idirisa mai kilando ya shigo fakewa. Kilando shi ne abin da 'yan'uwanmu na Najeriya ke kira acaɓa. Idirisa magidanci ne, yana haya a gidan da ke kallon namu, ba ni da abin faɗa a kansa sai alheri, illa dai wayarsa ta fi shi sanin gari.

Ya miƙo min ita. "Baba Sale, dubi wani abu. Wannan zaren shi ne iyakar arondisma ɗinmu da na gabas. Tun daga wajen kasuwar Dembe yake tafe a miƙe kamar an ja da igiya, amma yana isowa nan sai ya lanƙwaso ciki, ya sake fita. Wane mai gyangyaɗi ne ya zana wannan?"

Na ce masa ya iya bakinsa. Wadda ta zana wannan lanƙwasa ba ta taɓa riƙe alƙalami ba, kuma a gabana aka yi.

Ga wanda bai san Injamena ba, arondisma su ne yankunan da aka yanka birnin nan, kowanne da meri ɗinsa, wato ofishin da ke kula da hanya da shara da takardar haihuwa. Ina faɗin wannan da cikakken iko, domin na yi aji uku a lakwal, wato makarantar boko, kafin ni da malamin mu fahimci juna mu rabu lafiya. Aji ukun nan su suka sa na zama akawun layinmu shekara da shekaru, ba albashi, ba kujera.

Kakanninmu daga ƙasar Hausa suka taso a ƙafa za su Makka. Da suka iso garin nan, lokacin ana ce masa Fallomi, sai suka ce bari su yi damina ɗaya su ƙara guzuri. A unguwar Ridina suka sauke kaya. Da Ridina ta cushe, gida goma sha ɗaya daga cikinmu suka koma wani fili bayan Dembe, ta hanyar Abena, suka yi layi guda. Duk wanda ya tambayi dattawanmu yaushe za a ci gaba da tafiya, amsa ɗaya ce: sai baɗi. Har maƙwabtanmu Larabawa da 'yan kudu, da ba sa jin Hausa, suka haddace kalmar, suka raɗa wa wurin suna Layin Sai-Baɗi.

Kada ka ɗauka wasa ne. Da gaske muke. Ba a sa siminti a gini, tunda mai wucewa ne ya gina. Kwanon rufi ba a buga masa ƙusa, duwatsu ake ɗorawa, don ranar tashi a sauke a sayar. Ba a shuka mangwaro, sai gwanda, ita ce ke haihuwa kafin shekara ta zagayo. Kuma kowane gida yana da ɗan ɗaki da ake kira ɗakin kaya: akwatin ƙarfe, salkar ruwa, sanda, da harami a naɗe cikin tsumma. Duk bayan Sallah a fito da su a shanya, a shafa wa salka mai, a mayar. An haife ni na tarar ana yi, na yi aure ana yi.

To, a wata bazara, sa'ad da nake da ƙarfina, gwamnati ta yi doka ta ƙara yawan arondisma, ta sake ja wa kowanne iyaka. Wata rana da tsakar zafi, irin zafin da kaza ke buɗe baki, mutum biyu suka zo da takardu a hammata suna rubuta gidaje. Mai unguwarmu, Baba Haruna, dogon dattijo mai tsabta da jan carbi, ya shimfiɗa musu tabarma, ya sa aka dafa shayi mai kauri. Da suka ciro alƙalami sai ya ɗaga hannu, ya ce musu da Larabcin garin nan, "Kada ku wahalar da kanku. Mu baƙi ne. Baɗi war haka ba za ku same mu ba."

Ni kuma, don kada a ce layin ba mai ilimi, na maimaita musu da Faransanci. Suka dubi juna, suka shanye shayin, suka mayar da alƙalami aljihu, suka yi gaba. Baba Haruna ya yaba min ƙwarai. Ni ma na yaba wa kaina.

Daminar shekarar ta yi jinkiri. Hadari ya haɗu ta gabas baƙi ƙirin, iska ta taso, mata su kwashe shanya, sai ya watse ya bar mu da gumi. Gero ya hau a Dembe. Koro, wato kwanon awo na nan, da ke ci da gida kwana biyu, sai aka koma ana ja masa rai ya yi uku, ya yi huɗu. Muna cikin roƙon ruwa, aka buɗe mana shi gaba ɗaya.

Ƙasar garin nan shimfiɗaɗɗiya ce kamar faifai, kuma baƙar laka ce, ba ta shan ruwa. Inda ya faɗi nan yake kwana. Cikin mako guda layinmu ya zama tafki. Ruwa ya kai idon sawu, ya kai ƙwauri, ya tsaya nan yana kallonmu. Da rana ta fito sai ya yi ɗumi kamar ruwan wanka, ya riƙa tashin wani wari na ruɓaɓɓen ganye da bayan gida. Tsakanin yatsun ƙafa ya tsage, muna shafa baƙin man inji da muke roƙa wurin mai gyaran keke.

Ga yadda yini yake tafiya. Ana idar da sallar asuba kowane magidanci ya zagaya gidansa yana dafa bango. Ginin ƙasa daga gindi yake mutuwa: damshi ya kama ƙasan, ya yi duhu, ya riƙa hawa. Da yatsu muke aunawa. Yau taki ɗaya, gobe taki da yatsa uku. In ka danna babban yatsa ya shiga kamar cikin tuwo, to bangon ya fara ban kwana. Bayan haka sai kwarfe ɗaki da kwano, ana zubarwa waje yana dawowa ta ƙarƙashin ƙofa. Sai yaƙin hura wuta. Gawayi ya jiƙe, itace ya jiƙe, matata Hauwa, da tsohon ciki, ta durƙusa a kan bulo biyu tana fifita har idonta ya yi ja. Abin da wutar za ta dafa kuma kunu ne tsararo, wanda kana ganin gindin kofi ta cikinsa. Da hantsi masu sana'a su tattare riga su ratsa ruwa zuwa kasuwa, takalmi a ka, domin lakar tana cire wa mutum takalmi ta riƙe. Da azahar ciki ya fara kuka, a ba shi ruwa. Da la'asar hadari ya sake haɗuwa. Tuwo sau ɗaya ne, gab da magariba, da miyar tafasa ko lalo da mata ke tsinkowa a bakin kududdufi, ba nama, ba mai, sai ɗan kan busasshen kifi da aka dafa jiya aka tsame aka ajiye don yau. Daga nan sauro da kwaɗi su karɓi gari.

Ranar da katangar Malam Buba mai yankan farce ta zauna, ba ta yi ƙara ba. Wani nishi kawai ta yi, ta sulale, ta danne akuyarsa. Daga ranar kowa ya san abin da ke gabanmu. In ruwan nan ya ƙara kwana goma a tsaye, ba gidan da zai rage a layin.

Sai labari ya zo cewa meri-meri suna raba buhunan ƙasa da jar marmara, da ɗan hatsi, layi-layi, ga waɗanda ruwa ya ci. Aka ce ina akawu. Na sa rigata mai aljihu, na soka biro, na tafi meri na yamma. Aka duba takarda aka ce ba mu ciki, mu na gabas ne. Na ratsa laka zuwa meri na gabas. Can aka ce min ambakir, wato gobe. Da gobe ta yi na koma, ambakir. Rana ta uku aka gaji da ni aka ce mafi, babu, mu na yamma ne. Na dawo da biro a aljihu ko murfinsa ban cire ba.

A nan Gwaggo Dije ta shigo maganar. Ƙanwar ubana ce, mijinta ya rasu da daɗewa, 'ya'yanta mata duk suna gidajen aure. Ƙosai take soyawa a bakin kasuwar Dembe. Gajeruwa ce, in ta tsaya kusa da turmi sai ka duba sau biyu, amma in ta kira sunanka daga ƙarshen layi, har na layin baya mai irin sunan yana amsawa. Ta same ni a ƙofar gida ina wanke ƙafa.

"Akawu, me suka ce?"

Na yi mata bayani dalla-dalla, da kalmomin ofis.

"Wato ba ka gane ba ke nan," in ji ta. "Gobe ka zo ka raka ni. Kai ka riƙe biro, ni in yi tambaya."

A meri na yamma muka sami wani ma'aikaci mai furfura a gefen kunne, mutum mai haƙuri. Gwaggo ta gaishe shi da Larabci, ta tambayi iyalinsa ɗaya bayan ɗaya kamar ta san su, ta ƙi tashi daga bencin. Da ya ga ba ranar tafiya, sai ya warware wata babbar takarda a tebur, ya ɗora yatsa a kan wani shuɗin zane mai kauri.

Ya ce dokar ta ce iyakar arondisma biyun ita ce magudanar ruwa. Yammacinta nasu, gabashinta na wancan ofis.

"Wace magudana?" in ji Gwaggo.

"Wadda za a haƙa."

"Yaushe?"

Ya ɗaga kafaɗa.

"To mu muna ina a nan?"

Ya sake ɗora yatsa a kan shuɗin zanen. "Nan. Masu rubuta gidaje sun ce fili ne, wasu matafiya ne suka yada zango, sun kusa tashi. Shi ya sa aka bi da zanen ta kai."

Gwaggo ta juyo ta dube ni. Na dubi silin. Silin ɗin ofishin yana da kyau, ban taɓa lura ba sai ranar.

"Yallaɓai," ta ce, "wato mu ba yamma muke ba, ba gabas ba. Cikin ruwa muke."

"A takarda, haka ne, Hajiya."

"A gida ma haka ne. Kuma ban je ba tukuna, Dije kawai. To in da akwai magudanar fa?"

Ya yi dariya. "Ki nuna min magudana, in gaya miki ɓangaren da kike."

Ni na ɗauka sallamarmu ya yi cikin ladabi. Ita kuwa ta sa shi ya maimaita, ta ce da ni, "Akawu, ka ji da kunnenka."

Bayan azahar maza suna tsaitsaye a dakalin masallaci, don nan ne kaɗai ruwa bai hau ba. Gwaggo ta tsaya nesa kaɗan, ruwa har gwiwarta, ta faɗi abin da ta ji, ta ce mu haƙa magudanar da kanmu ta bayan gidaje, ta gabas, mu kai ta babban ramin da aka taɓa ɗibar ƙasar bulo. Ruwa ya tafi, gidaje su koma yamma.

Baba Haruna ya ja carbi. "Dije, iyayenmu ba su zo nan don su gyara gari ba. Yau magudana, gobe siminti, jibi a manta da abin da ya fito da mu."

"Yaya Haruna, haƙoranka nawa suka zube a zangon nan?"

Wani ya yi tari don ya ɓoye dariya.

"A nan aka yi maka kaciya, a nan ka binne Innarka. Ni ban ce a fasa tafiya ba. Na ce kafin baɗin ta zo, Hauwa za ta haihu, kuma ina so ta haihu a ɗaki mai bango."

Ya naɗe carbinsa ya shige masallaci. Ba wanda ya ce ya yarda, ba wanda ya ce ya hana, mu kuwa muka ɗauki shirun a matsayin da ya fi mana amfani.

Saura sanin inda za a haƙa. A ido, ruwan a kwance yake, ba gangare ba tudu. Maza suka fara gardama, kowa yana nuna bayan gidan wani. Ni ma na ba da shawara a nemo igiya da kwalba, kamar yadda na taɓa gani a hoto cikin littafin aji uku, sai dai na manta abin da ake yi da kwalbar. Gwaggo ta shiga gida ta fito da ƙwarya cike da ƙaiƙayin gero. Ta ce shekara talatin tana zubar da ruwan wanke wake a layin nan, ta san ba ya tsayawa inda ta zuba shi. Ta je can saman layi, lokacin da iska ta kwanta, ta watsa ƙaiƙayin a kan ruwa.

Muka tsaya muna kallo, manya da gemu, kamar masu jiran wata. Da farko bai motsa ba. Can sai ya fara haɗuwa, ya yi siririn zare, ya kama tafiya a hankali, tafiyar hawainiya, ta bayan gidaje. Muna biye, muna kafa kara duk inda ya bi. Ya wuce bayan gida na ɗaya, na biyu, har na shida. Na bakwai shi ne na Gwaggo.

Bayan gidanta akwai tudu, tsohon wurin gasa bulo, ƙasa mai tauri kamar dutse, kuma a kansa ɗakin kwananta yake, ɗaki ɗaya tilo a layin da bai jiƙe ba. Ƙaiƙayin ya iso gindin tudun, ya yi jim, ya lanƙwaso ciki ta inda katangarta ta zube, ya ratsa tsakar gidan, ya je ya taru a jikin bangon ɗakin kayan mijinta. Nan ya tsaya.

Malam Buba ya ce a'a, sai dai a zagaya ta bayan tudu, ko da za a yi kwana goma ana sara.

"Bangonka na da kwana goma?" in ji ta.

Wani ya ce ko a ɗan karkata kaɗan, a bar ɗakin.

"Ruwan nan surukina ne da zai yi min kara? Inda ya nuna nan za a bi. Akawu, zo ka kama min akwati."

Ni da ita muka fito da shi. Bai yi nauyin da nake zato ba. Ta ɗauko salkar, ta ɗauko sandar, ta rungumo haramin a ƙirji don kada ya taɓa ruwa, ta hau tudu ta ajiye su a kan gadonta. Ta ɗan jima a ciki. Da ta fito ta ce, "Me kuke jira? A sa muku kiɗa?"

Kwana huɗu muka yi. Fartanya, diga biyu na aro, shebur ɗaya da ake karɓa-karɓa, sauran duk kwanuka da tasoshi. Maza suna sara cikin ruwa ba sa ganin abin da suke sara, mata suna kwashe laka a ka suna jibgewa a gindin bangaye. Lakar nan in ka ɗaga fartanya sai ta biyo ta, nauyi biyu. Ga yunwa. Tun wajen hantsi ido ya riƙa ganin taurari da rana tsaka. Gwaggo ta sa kowane gida ya kawo abin da ya rage masa aka haɗa tukunya ɗaya a kan tudunta, inda wuta ke kamawa. Waken sana'arta na ƙarshe, wanda shi ne jarinta, ta zuba a ciki ba ta gaya wa kowa ba. Mun gane ne da muka ga wake a miya. A rana ta biyu wasu 'yan kudu daga ƙasan layi, da suka ga ruwan ta wajensu zai bi, suka zo da sheburansu suka shiga rami ba tare da an gayyace su ba. Suna waƙa da yarensu, muna amsawa da abin da muka ji, Allah kaɗai ya san abin da muke faɗa.

Rana ta uku aka iso ɗakin kaya daga ɓangarorin biyu. Nan aiki ya tsaya. Kowa ya sami abin yi da hannunsa, wannan yana gyara ƙota, wancan yana cire ƙaya. Duk cikinmu ba wanda ba shi da irin ɗakin nan a gidansa. Gwaggo ta duba ta ga ba mai niyya, ta sunkuya ta ɗauki diga. Da ƙyar ta ɗaga shi zuwa kafaɗa.

"Ba ni nan, Dije."

Baba Haruna ne. Kwana uku yana dakalin masallaci yana kallonmu. Ya tuɓe babbar riga ya rataye a katanga, ya shigo laka da farin wandonsa.

"Abokina ne ya gina ɗakin nan," ya ce, "ni na riƙa miƙa masa tubali. In za a rushe, ba yara za su fara ba."

Ya yi bismilla ya sara. Sara uku ya yi numfashinsa ya ƙare, muka karɓa. Bai koma dakali ba. Ya aika aka ɗauko masa sandar tafiyarsa daga nasa ɗakin kayan, ya riƙa bin ramin yana soka ta yana cewa nan a ƙara, nan ya isa.

Da la'asar ɗin rana ta huɗu aka fasa ɗan shingen ƙarshe. Ruwan ya yi kamar bai ji ba. Sai muka ji wani gurnani ƙasa-ƙasa, bakin ramin ya fara cin kansa, ruwa ya juya baƙi, ya kama gudu. Ragowar ƙaiƙayin da ya maƙale a bangaye ya saki ya bi. Tsofaffi suna hamdala, mu kuwa muka zube a kan laka. Da gari ya waye ƙasar layinmu ta fito, baƙa, tana sheƙi, tana wari, ba abin da na taɓa gani mai kyanta. Har tarwaɗa biyu muka tsinta a kwatami suna mutsu-mutsu, suka shiga tukunyar tudu.

Gwaggo ba ta jira laka ta bushe ba. Ta koma meri ta zauna a bencin nan har ma'aikacin ya sa takalmin roba ya biyo ta. Ya bi magudanar daga sama har ƙasa, hannu a baya, yana girgiza kai. Ya ciro alƙalami. Wannan karon Baba Haruna da kansa ya riƙa faɗin sunayen masu gida, ni kuma na yi shiru da Faransancina. Gida goma ya rubuta, duk yamma. Da ya zo na Gwaggo ya tsaya, ya dubi zaure a wannan gefe, ya dubi ɗaki a kan tudu a wancan gefe.

"Ina kike kwana?"

Ta nuna tudu.

Ya rage murya. "In kin ce a zaure kike kwana, sai in haɗa ki da 'yan'uwanki."

"In yi ƙarya a kan shimfiɗata? Rubuta abin da ka gani."

Haka ta zama mutumiyar gabas, ita kaɗai. Da motar marmara da buhunan hatsi suka zo bayan kwana biyu, ba sunanta. Nata ofishin kuwa sai da rani ya yi kafin ya yarda akwai ta. Amma a ranar rabon na ga mata suna tsallaka gungumen giginyar da muka ɗora a kan ramin, kowacce da kwano a lulluɓe. Ta yi ta faɗa, tana cewa ita ba gajiyayya ba ce, ba a saurare ta ba. Hauwa ta haihu bayan mako biyu, a ɗaki mai bango huɗu. Mace ce. Ba sai na faɗi sunan da aka sa mata ba.

Da rani aka fara ganin buhun siminti yana shiga gidaje, da sassafe, a lulluɓe, kamar abin kunya. Baba Haruna kuma ya dasa mangwaro a bakin magudanar. Ya ce ba don kansa ba ne, don waɗanda za mu bari a baya ne in mun tashi. Shi ne wannan da muke zaune a gindinsa. Bayan shekaru, da gwamnati ta tashi yin tata magudanar ta kankare, ma'aikatan suka tarar da rami yana aiki, suka bi shi yadda yake, har lanƙwasar. Yanzu in ruwa ya tsaya a layi, sai ka ga matasa sun fito da waya suna ɗaukar hotonsa, su aika wa meri. Wani lokaci har a zo. Ban ce ba ci gaba ba ne. Na dai lura ba wanda ke da ƙaiƙayi a gida, tunda gari ake saye a leda.

Idirisa ya daɗe yana kallon wayarsa, yana buɗa lanƙwasar da yatsu biyu.

"To ita Gwaggon, ta samu zuwa Makkan?"

Ba ta samu ba. Ni ma da nake ba shi labari, akwatina na nan, sai baɗi. Amma tun daga waccan damina har ta koma ga Allah, kullum da safe takan fito bakin tudunta da buta a hannu, ta dubi gida goman nan ta tsallaken ruwa, ta ɗaga muryar nan tata.

"Mutanen yamma, kun tashi lafiya? Mu dai mun yi gaba. In kun shirya ku same mu."

Baba Haruna ya amsa daga zaurensa, "Muna tafe, Dije."

Ranar da ta rasu, ni aka aika karɓo takardar shaidar mutuwa. Na tafi meri ɗinmu da saurina, na faɗi suna, na faɗi layi. Aka duba, aka duba, aka ce ba ta cikin namu, in je gabas.